Gadar da Ta Ƙi Faɗuwa

Yayana ya taɓa sauke mahaifiyarmu daga jirgin ƙasa saboda ba ta da tikiti. Ba labari aka ba ni ba, ina riƙe da gefen zaninta aka yi.

Lokacin bai daɗe da samun aikin duba tikiti ba. Inna ta ɗauke ni za mu je duba ƙanwarta da ba ta da lafiya a tasha ta gaba. Ta ce ina ita ina bin layin yankar tikiti, bayan mijinta ya ƙarar da ƙarfinsa a gyaran dogon nan, ga ɗanta kuma cikin farin yunifom? Muka shige tarago muka zauna kusa da taga. Can sai ga Yaya yana tafe, abin huda tikiti a hannunsa yana ƙas-ƙas. Da ya iso kanmu ya rusuna ya gaishe ta, sannan ya miƙo hannu.

"Inna, tikiti."

"Kai, wuce ka ba ni wuri," ta ce tana dariya.

"Jirgi bai tashi ba tukuna, Inna. Ku sauko, ni zan bi muku layi."

Wata mata mai goyo ta riƙe haɓa ta ce, "Baiwar Allah, wai ɗanki ne wannan?"

Inna ta miƙe, ta gyara mayafi, ta ce, "Haka dai suka ce mini a asibiti."

Ya bi layin, ya yanko mana tikiti da kuɗinsa, amma Inna ta ce ta fasa tafiyar. Muka koma gida tana ta salati a hanya. Baba da ya ji, dariya ya yi har da tari, ya ce yaron nan zai yi nisa, in dai wani bai fasa masa kai ba kafin nan.

Mu uku ne a wurin iyayenmu. Yaya ne babba, sai mai bi masa wanda daga baya kowa ke kira Direba, sai ni auta. A kwatas ɗin ma'aikatan reluwe muka tashi, ciki da falo, bayan tasha kaɗan. In jirgin kaya ya wuce, kwanonin Inna har rawa suke yi a kan kantar ɗaki, mu kuwa ko ɗaga kai ba ma yi. Baba lebura ne, aikinsa bin dogo da guduma da sifana yana ɗaure duk notin da ya kwance. Ya rasu kafin ya ga nisan da ya hango wa ɗansa.

Daga duba tikiti Yaya ya koma gadin jirgi, mai tuta da usur a taragon ƙarshe. Daga nan aka tura shi shugabancin wata 'yar tasha a daji, inda ba kowa sai shi da awaki. A can ya yi ta karatu yana rubuta jarrabawar ƙarin girma, ana ɗaga shi, har ya zama manajan layinmu gaba ɗaya. Tun daga ranar sunansa ya ɓace a bakin mutane, sai Manaja. Ko matarsa, Malama, mai koyarwa a firamaren kwatas, in ya ɓata mata rai haka take kiransa.

Ofishinsa a saman bene yake, tagarsa na kallon tasha. Taswirar layi a bango, wayar tarho biyu a kan tebur, fanka mai kuka kamar tana jin yunwa. Kujerar baƙi kuwa katako ce zalla. Na taɓa ce masa in ɗinka mata 'yar katifa, tunda ɗinki ne sana'ata. Ya ce in bar ta haka, da gangan ne, don kada mutum ya ji daɗin zama ya manta da abin da ya kawo shi.

Shi kuma Direba jirgin fasinja yake tuƙawa. Mutum ne mai barkwanci, kowa nasa, in ya shigo tasha yara sun san irin busarsa. Wata rana da hantsi ya tsallake jar sigina, bai tsaya ba sai da kan jirgi ya wuce ta. Ba wanda ya ko ƙwarzane. Ya ce rana ce ta haske masa ido, kuma na yarda da shi. Kowa ya ɗauka kunne za a ja masa. Yaya ne ya shugabanci zaman binciken, shi ne kuma ya sa hannu aka sallame shi, alhali matar Direba na da tsohon ciki, ga yara ƙanana.

Inna ta hau benen nan da ciwon gwiwarta, ina riƙe da ita. Ba ta zauna ba.

"Ƙaninka ne fa," ta ce. "Nono ɗaya kuka sha."

"Inna, mutanen da ke cikin jirgin ma nono suka sha."

Ta dube shi ta ce, "Allah ya shirye ka," muka sauko. Har ta koma ga Mahaliccinta ba ta ƙara taka ofishin ba. Direba ya samu wata tsohuwar bas ya shiga haya, tsakaninsa da Yaya sai gaisuwar bakin ƙofa.

To irin wannan mutumin ne ya tara mu a falonsa wata ranar hutu da yamma, ya ce ya ajiye aiki, zai tsaya takarar majalisa.

Malama tana shigowa da tiren kofuna, sai ta tsaya cak a tsakiyar ɗaki. Ni kuwa na ɗauka ban ji daidai ba.

"Siyasa, Yaya? Kai?"

"Ni."

"Manaja," in ji Malama, "kai da ko jariri aka miƙo maka ba ka iya yi masa murmushi?"

Akwai wani baƙo a gefe, ƙaton mutum mai waya biyu a hannu, ya cika kujera har da ragowa. Shi ne ciyaman ɗin jam'iyya. Ya ƙyalƙyale da dariya ya ce, "Madam, ki bar mana shi. Murmushi mu ne za mu yi masa. Shi dai ya kawo sunan."

Na tambayi Yaya dalili. Ya ce, "Auta, kuɗin gyaran layin nan a majalisa ake raba shi. Na gaji da roƙo daga bakin ƙofa." Iyakar abin da ya faɗa ke nan, mu ma ba mu tona ba.

Yaƙin neman zaɓensa har yau ana ba da labarinsa. Taron farko, ya isa fili daidai lokacin da aka rubuta a fosta, ya tarar ba kowa sai masu jera kujeru. Ya hau dandamali ya yi musu jawabinsa tsaf, ya sauko ya tafi gida. Da Ciyaman ya iso da motocin jama'a da makaɗa, aka ce ai ɗan takara ya gama tun ɗazu. Mutumin nan saura kaɗan ya yi kuka. Matasan jam'iyya suka je gida suka ce a ba su na shan ruwa, Yaya ya sa aka fito musu da ruwa a jarka. Mai hoto ya yi ta fama da shi ya saki fuska, hoton da ya fito a fosta kamar mai ciwon haƙori. Wani dattijo ya roƙe shi ya sama wa ɗansa aiki in ya ci, ya ce masa, "Me yaron ya iya?" Dattijon ya juyo yana tambayar mutane ko wannan da gaske ƙuri'a yake nema.

Amma garinmu da jirgi yake numfashi. Ma'aikata da iyalansu, 'yan dako, mata masu sayar da abinci a tasha, masu ɗakunan kwana, har ni da rabin masu kawo mini ɗinki matan kwatas ne. Magana ɗaya yake maimaitawa duk inda ya tsaya: "Muddin ina raye, jirgi ba zai daina shigowa garin nan ba." Mutane suka ce wanda ya kori ƙaninsa a kan doka ba zai yi musu ƙarya ba. Na ɗinka tutoci har yatsuna suka kumbura. Ranar zaɓe Direba ya wuni yana kwasar tsofaffi zuwa rumfa kyauta, ya ce in na faɗa wa Yaya sai ya ɓata da ni.

Yaya ya ci zaɓe. Da aka faɗi sakamako, shi kansa ya fi kowa mamaki. Ya zauna a falo yana kallon masu rawa a tsakar gidansa kamar an yi masa sata.

A majalisa aka sa shi a kwamitin sufuri, daga baya ya zama shugabansa. Abokan zamansa suna ƙiba, shi yana ramewa. Malama ta ce a duk ƙasar nan mijinta kaɗai siyasa ta tsotse. Na taɓa ganinsa a talabijin yana tsaye bayan wani minista, yana dariyar wata magana da ko kusa ba ta da ban dariya. Abin ya tsaya mini a rai. Ban taɓa ganin haƙoransa da yawa haka ba, kuma ban ji daɗin ganinsu ba. Jirage kuwa sai raguwa suke yi, taragu suna tsufa, amma dai suna shigowa.

Ranar da abin ya faru ina shago ina gwada wa matar wani mai kula da sigina riga, allurai a bakina, rediyo na magana a kan tebur. Sai na ji an ce ɗan majalisa mai wakiltar mazaɓarmu ya gabatar da ƙudirin dakatar da jiragen ƙasa a layinmu har sai abin da hali ya yi, kuma majalisa ta amince. Na ce a raina sun yi kuskuren mazaɓa. Sai ga muryarsa, wannan muryar tasa mai kama da karanta sanarwa, yana cewa, "Ina roƙon wannan zaure ya rufe layin nan daga yau."

Allah ne ya kiyaye ban haɗiye allura ba. Matar ta juyo da riga rabi a jikinta, ta ce, "Ba yayanki ba ne?" Ta tuɓe rigar a hankali, ta ninke, ta ajiye, ta fita ba sallama.

Da ya dawo gari na je gidansa ko gaisuwa ban yi ba. Yana zaune a falo, ya cire hula ya ɗora a gwiwa.

"Yaya, nawa suka ba ka?"

"Zauna, Auta."

"Ba zan zauna ba. Masu tireloli ne? Gari ya ɗauka ka sayar da mu."

"Gada ce," ya ce.

Akwai wata doguwar gadar ƙarfe a kan kogi, bayan an fita gari kaɗan. Duk jirgin da zai shigo ko zai fita sai ya bi ta kanta. Ya ce ruwa ya cinye gindin ginshiƙinta na tsakiya. Injiniya ya taɓa ɗaukarsa a kwale-kwale da rani, ya nuna masa inda mutum zai iya zura hannu har kafaɗa a cikin siminti.

"Yaushe?" na ce.

"Ina manaja."

"Kana manaja?"

"Da daɗewa kafin in bar aiki. Shi ya sa na ba da umarni jirgi ya riƙa rarrafe a kanta, na rage taragun kaya."

Na zauna a hannun kujera. 'Ya'yana biyu makarantar kwana suke yi a wancan ƙetaren. Kowane hutu ta kan gadar nan suke zuwa, ta kanta suke komawa, ni ce ma nake cewa su zauna kusa da taga su ga ruwa.

"Ka sani, ka bar 'ya'yana suna hawa?"

"Ni ma ina hawa. Duk daminar da ruwa ya cika, a kan jirgi nake tsayawa kusa da direba har mu haye."

"To da ta rufta, tsayuwarka ce za ta dawo mini da su?"

Sai a lokacin na lura da Malama a bakin ƙofar kicin, ta toshe baki da hannu biyu. Ita ma yau ta fara ji. Shekara da shekaru suna kwana ɗaki ɗaya.

"Da na faɗa a lokacin," ya ce, "ranar za a rufe layin, a sallami mutane, kuma na san in aka rufe ba za a sake buɗewa ba. Na ce bari in nemo kuɗin gyara tukuna. Na nema ina ofis, ban samu ba. Na shiga siyasa, na yi fadanci, na yi dariyar da ba tawa ba. Bana sun cire gyaran daga kasafi gaba ɗaya. Injiniya ya sake shiga kwale-kwale, da ya fito bai yi dogon bayani ba, ya ce dai shi iyalinsa sun gama hawa jirgin nan."

"Manaja," in ji Malama da wata irin murya, "wane ne kai?"

Ciyaman ya yi ta bugo waya yana roƙonsa ya bar gari har ƙura ta lafa. Yaya ya ce shi ya yi wa mutane alkawari a tasha, a tasha zai gaya musu ya karya. Washegari da rana ya tafi shi kaɗai, ba ɗan sanda ba ɗan rakiya. Na bi shi a baya don zuciyata ta ƙi kwanciya.

Tashar ta cika maƙil. Ya hau kan wani keken tura kaya ya fara magana. Da farko an yi shiru. Ya faɗi zancen gada, ya faɗi ginshiƙi, bai ɓoye tun lokacin da ya sani ba. Ya ɗauka gaskiyar za ta sanyaya su. Ina! Wani ya ɗaga murya daga baya, "Ashe ka sani kake ɗura mu a ciki!" Wani kuma ya ce, "Ƙarya ne, gada lafiyarta ƙalau, cinikinmu ka yi!" Rabi suna zaginsa don ya rufe layi, rabi don bai rufe da wuri ba, duk kuma shi ɗaya suke nufa. Wata tsohuwa mai sayar da shayi a tasha, wadda tun yana duba tikiti take kiransa ɗana, ta matso gabansa ta tofar da yawu a ƙasa.

Takalmi ne ya fara tashi. Sai duwatsun da ake zubawa a ƙarƙashin dogo, ga su nan birjik ba sai an nema ba. Ɗaya ya same shi a goshi, jini ya wanke masa fuska. Bai kare kansa ba, bai sauko ba. Ina ihu ina cewa ku bari, ko ni ba na jin muryata.

Sai ga ƙarar hon ɗin mota, ga wata bas ta kutso har kan dandamalin tasha inda mota ba ta taɓa hawa ba, mutane suna darewa. Direba ne. Ya diro, ya sungumi Yaya kamar buhu ya jefa a kujerar baya, ya daka mini tsawa in shiga. Muka fita duwatsu na sauka a rufin mota.

Na danne masa goshi da gefen mayafina. Can Direba ya dube shi ta madubi.

"Ni sigina ɗaya na tsallake, Yaya, ka raba ni da aikina. Kai shekara nawa ka yi kana tsallake gada da mutane?"

Yaya ya rufe ido. "Da yawa," ya ce.

"To wa zai sallame ka?"

"Ga su can sun fara."

Direba ya yi tsaki, ya goge idonsa da bayan hannu, ya karya kan mota zuwa asibiti.

Jam'iyya ba ta sake ba shi takara ba. Ciyaman ya daina ɗaukar wayarsa, duka biyun. Ba a daɗe ba wasu 'yan kwangila suka zo da wutar yankan ƙarfe, suka yayyanka dogon suka loda a manyan motoci, muna tsaye muna kallo kamar ana fiɗar dabbar gidanmu. Kwatas ya watse. Na mayar da shagona bakin kasuwa. Yaya da Malama suka koma wani ɗan gida a ƙarshen gari, ta daɗe tana yi masa magana sama-sama kafin ta sauko.

Gadar kuwa ta ƙi faɗuwa. Damina ta zo ta wuce, wata ta zo, har da shekarar da ruwa ya ci gonaki, tana nan tsaye. Mutane suka shimfiɗa katako a kanta, babura da shanu suna hayewa. Duk wanda ya haye sai ya ce, "Ga gadar Manaja da za ta rufta." Shi kuma in ruwa ya cika yakan sa Direba ya kai shi bakin kogi, ya tsaya da sandarsa yana kallon ginshiƙin nan. Na taɓa tambayarsa ko so yake ta faɗi a san ya yi gaskiya. Ya ce, "Akwai yara a kanta, Auta." Ni dai har yau ban san ko ya ceci jirgi guda na mutane ba ne, ko ya kashe gari a banza. In na tuna 'ya'yana a bakin taga, sai in ji haushinsa ta wannan gefen, in na wuce kangon kwatas in ji ta wancan.

Ya rasu bayan 'yar gajeriyar jinya. Waɗanda suka zo gaisuwa ba su cika falo ba. Muna zaune sai ga jerin motoci, Ciyaman ya fito da tawagarsa, ya tsufa amma bai rame ba. Ya zauna ya yi ta yabon marigayi, mutum mai gaskiya, irinsu sun ƙare. Sannan ya gyara murya ya ce jam'iyya ta yanke shawarar karrama shi. Filin tsohuwar tashar jirgi za a mayar da shi tashar mota, kuma sunansa za a sa mata.

Malama ta buɗe baki ta kasa rufewa. Direba ya tashi ya fita waje, muna jiyo shi, ban san ko dariya yake yi ko kuka ba.

Sun kuwa gina ta. Ofishinsa na saman bene yanzu na 'yan kamasho ne, sun sa kujeru masu laushi. Sunansa na gaskiya yana jikin allo a bakin ƙofa, amma ba mai karantawa, kowa Manaja yake ce wa tashar. Makon jiya na fito daga kasuwa da ƙunshin yadi zan je can in hau motar garin 'yata, wani kwandasta ya leƙo daga bas yana dukan ƙofa, yana kwarara ihu, "Manaja! Manaja! Saura mutum ɗaya!" Na shiga, ya ce in matsa ciki, ya ƙara cusa mutum uku a bayana.